Ta ina mantiƙin Girkawa ya biyo har ya iso zaurenmu?

"Allah ya gafarta Malam. Ni ɗalibi ne, da safe ina jami'a, bayan Magariba kuma ina ɗaukar karatu a zaure. Bana malaminmu ya sa mu a Sullam, littafin mantiƙi. Sai wani abokina ya ce in daina, wai ilimin arnan Girka ne, wani Aristotal ne ya ƙago shi, kuma manyan malamai sun haramta shi. A jami'a ma na ji ana kiran sunan mutumin nan. Shin da gaske ne? In da gaske ne, ta ina ya biyo har ya iso zaurenmu, kuma me ya sa malamai suka bar shi ya zauna?"

Allah ya yi maka albarka, ya ƙara maka juriyar karatun nan biyu da ka haɗa. Tambayarka uku ce a dunƙule: ina asalin mantiƙi (ilimin auna ingancin hujja), wace hanya ya bi, kuma me ya sa malamai irin naka ba su kore shi ba. Abokinka ya yi gaskiya a wuri biyu. Aristotal, wanda littattafan zaure ke kira Arisɗo, shi ne ya fara tsara fannin, kuma ba ma'abocin littafi ba ne, ya mutu shekara 322 kafin haihuwar Annabi Isa, alaihis salam. Akwai kuma manyan malamai da suka haramta shi, zan kawo maka sunayensu. Matsalar ita ce ya tsaya a nan, alhali tsakanin mutuwar Arisɗo da rubuta littafin da ke hannunka akwai sama da shekara 1,800, kuma a cikin shekarun nan amsarka take.

Kafin mu yi nisa, duba sunan mai littafin. Abdurrahman al-Akhdari ne, mutumin yankin Biskara a Aljeriya ta yau. Shi ne dai mai Ahalari, littafin da kusan kowannenmu ya koyi tsarki da ƙabli da ba'adi a cikinsa. Ya rubuta Sullam a shekara ta 941 Hijira, wajen 1535, yana ɗan shekara 21, kuma shi da kansa ya faɗi shekarun nasa a ƙarshen waƙar yana neman a yi masa uzuri. Mutumin da muka amince wa ya koya mana gyaran salla, shi ne ya mayar da mantiƙi waƙa don ɗalibai su haddace. Ka riƙe wannan, za mu dawo kansa.

Abin da aka fara a Atina

Mutum uku ne a jere, malami da ɗalibi da ɗalibin ɗalibi. Sukuratu bai rubuta komai ba, yawo yake yi a kasuwar Atina yana tare mutane da tambaya: mene ne adalci, mece ce jarumta? In mutum ya kawo masa misali, sai ya ce ba misali yake nema ba, abin da ya haɗa dukkan misalan yake nema. Wannan neman iyakar ma'ana shi ne kakan babin haddi da rasmi da za ku karanta. Birnin ya yanke masa hukuncin kisa a shekara ta 399 kafin Miladiyya, ya sha guba. Ɗalibinsa Aflatun ya buɗe makaranta, Arisɗo ya shige ta yana ɗan shekara 17, ya yi shekara 20 a ciki, daga baya ya karantar da Iskandar ɗan sarkin Makidoniya, sannan ya buɗe tasa makarantar.

Abin da Arisɗo ya gano a mantiƙi ƙarami ne a faɗe, babba ne a aikace: ingancin hujja yana a siffarta. In ka ce duk tunkiya dabba ce, duk dabba tana mutuwa, dole tunkiya tana mutuwa. Cire tunkiya da dabba da mutuwa, sa duk abin da ka ga dama, muddin jimlolin biyu na farko gaskiya ne, ta ukun ba ta da mafita. Shi ne ya fara sa haruffa a madadin kalmomi don siffar ta fito fili, ya bi siffofin ɗaya bayan ɗaya yana ware mai haihuwa da bakarariya. Mabiyansa suka tara littattafansa shida na wannan fanni suka kira su da kalmar Girkanci mai ma'anar kayan aiki. Shi ya sa har yau malaminka zai ce maka mantiƙi ilimin ala ne, wato kayan aiki, kuma al-Akhdari ya ce matsayinsa ga hankali kamar matsayin nahawu ne ga harshe.

A ƙarni na 3 Miladiyya wani mutumin Taya, a Labanon ta yau, mai suna Furfuriyus ya rubuta 'yar gabatarwa ga littattafan Arisɗo, ya kira ta Isaguji, wato mashiga. A ciki ya jera abubuwa biyar da malaminka zai kira kulliyyatul khamsu: jinsi, nau'i, fasali, khassa da aradi. Sunan Isaguji bai taɓa canzawa ba, Girkanci ne tsantsa a bakin malaman zaure. Haka kalmar falsafa, haka safsaɗa, haka hayula. Malamanmu na da ba su ɓoye asalin abin ba, sunan Arisɗo da Aflatun da likita Jalinus yana nan a sharhohinsu.

Iskandariyya, Suriyanawa, Bagadaza

A shekara ta 529 sarkin Rum Jastiniyan ya hana masu bin addinin gargajiyar Girka karantarwa, makarantar Atina ta mutu, wasu malamanta suka tafi fadar Kisra na Farisa. Amma karatun ya ci gaba a Iskandariyya, kuma malaman Kirista masu magana da Suriyananci sun riga sun fara fassara Isaguji da farkon littattafan Arisɗo, saboda suna buƙatarsu a muhawarorinsu na addini da karatun likitanci. Da Musulmi suka ci Sham da Iraƙi da Masar, sun tarar da wannan karatu da ransa a gidajen ibada da makarantu.

Fassara zuwa Larabci ta kankama ne bayan Halifa Mansur ya gina Bagadaza a 762, ta ɗauki kusan shekara 200. Ibnun Nadim ya kawo labarin cewa Halifa Ma'amun ya yi mafarkin Arisɗo zaune a kan gadonsa, ya tambaye shi mene ne kyakkyawa, ya amsa masa da abin da ya kyautu a hankali, sannan abin da ya kyautu a shari'a, sannan abin da ya kyautu a wurin jama'a. Labarin ya yi suna, amma aikin ya girmi Ma'amun, kuma buƙata ce ta haife shi. Daula mai faɗi tana neman likitoci, masu lissafin haraji da gado, masu auna ƙasa da taurari. Tana kuma cike da Kirista da Yahudawa da Majusawa waɗanda suka goge a muhawara. Halifa Mahdi, kakan Ma'amun, shi ya sa shugaban cocin Gabas Timotawus ya fassara masa littafin Arisɗo na dabarun jayayya, wajen 782. Wazirai da attajirai suna biyan mafassara albashi mai tsoka, ga takarda ta fara yawaita.

Mafassarin da na fi girmamawa shi ne Hunainu bin Ishaƙ, Kirista mutumin Hira, wanda ya rasu a 873. Ya bar wasiƙa da ya lissafa littattafan Jalinus 129, yana faɗin wanda ya fassara kowanne da ingancin fassarar. A ciki ya ba da labarin yadda ya nemi littafi ɗaya a Jazira da Sham da Falasɗinu da Masar har Iskandariyya, bai samu ba sai kusan rabinsa a Dimashƙa. Yakan tara kwafe-kwafe ya gwama su kafin ya fassara. Duk wanda ya taɓa bin gidajen malamai yana neman cikon warƙar da gara ta ci ya san abin da mutumin nan ya sha.

Hujjar abokinka ma an yi ta a Bagadaza, kuma an yi ta da kyau. Wajen shekara ta 932, a majalisar waziri Ibnul Furat, malamin nahawu Abu Sa'id as-Sirafi ya kara da Abu Bishr Matta, shugaban masu mantiƙi na birnin. Matta ya ce mantiƙi ma'auni ne na ma'ana, ma'ana kuwa ɗaya ce a wurin kowace al'umma, huɗu da huɗu takwas ne ko'ina. Sirafi ya ce Bagirke ne ya gina shi a kan harshen Girkawa, don me zai zama dole a kan Balarabe da Bahinde da Baturke, ya kuma yi ta jefa wa Matta tambayoyin nahawun Larabci har ya rasa amsa. A majalisar nan, Sirafi ne ya yi rinjaye. Amma Farabi, wanda ya yi zamani da su ya rasu a 950, ya zauna ya bambance abin da yake na harshe ɗaya da abin da ya game harsuna, ya sa wa fannin kalmomin Larabci da misalan da malamin fiƙihu zai gane. Saboda wannan aiki aka kira shi malami na biyu, na farkon shi ne Arisɗo.

Ibnu Sina, wanda ya rasu a 1037, ya faɗa da bakinsa cewa ya karanta littafin Arisɗo na ilahiyyat, wato maganar Allah da asalin samuwa, sau 40 har ya haddace bai gane ba, sai da ya sayi wani ɗan littafin Farabi dirhami uku a kasuwar Bukhara. Da ya gane kuwa bai tsaya a sharhi ba, ya sake ginin. Mantiƙin da ya game makarantun Musulmi bayansa nasa ne fiye da na Arisɗo. Ga alama biyu da za ka gani da idonka, na cewa fannin ya wuce inda Arisɗo ya tsaya. Arisɗo shakali uku ya tsara, wato siffofin jera hujja, a Sullam huɗu ne. Kiyasin sharaɗi kuma, irin "in rana ta fito gari ya waye", ba Arisɗo ne ya yi aikinsa ba, wata makarantar Girkawa ce da Larabawa ke kira Ruwaƙiyyun, Ibnu Sina ya faɗaɗa shi ƙwarai.

Sheƙewar da Gazali ya yi

Tare da mantiƙi wasu kaya sun shigo waɗanda ba su zauna da aƙida ba. Arisɗo yana ganin duniya ba ta da farko. Akwai kuma littafin da aka fassara a da'irar al-Kindi aka laƙaba wa Arisɗo, alhali maganganun Aflutin ne, wani masani da ya zo bayansa da shekara sama da 500, mai cewa halitta tana kwararowa daga Ɗaya kamar haske daga rana. Farabi da Ibnu Sina sun haɗa waɗannan suka gina tsarin da a cikinsa duniya take lizimtar samuwar Allah tun azal. Nan ne rigimar take, ba a jinsi da fasali ba.

Imam Gazali, wanda ya rasu a 1111, shi ya yi aikin da ya sa Sullam ya yiwu. Ya karanci falsafa har ya iya ta, sannan ya sheƙe ta kamar hatsi. Ya raba iliminsu shida: lissafi, mantiƙi, ɗabi'a (wato ilimin halittun duniya), ilahiyyat, siyasa da halaye. A Tahafutul Falasifa ya kama su a mas'ala 20, ya kafirta su a uku: cewa duniya ba ta da farko, cewa Allah bai san ɗaiɗaikun abubuwa a ɗaiɗaikunsu ba, da musun tashin jikkuna. Game da lissafi kuwa ya yi gargaɗi biyu, kuma ina so ka ji na biyun da kyau. Na farko, ɗalibi zai ga ƙwarewarsu a lissafi ya ɗauka haka suke a komai, ya bi su har cikin ɓata. Na biyu, masoyin addini marar sani zai ƙaryata duk abin da suka faɗa, har lissafin husufin rana da wata, sai wanda ya san hujjar lissafin ya ɗauka addini ne aka gina a kan jahilci. Gazali ya ce wannan babban laifi ne ga addini.

Mantiƙi kuwa ya ɗauke shi ya rubuta masa littattafai, ya sa shi a gabatarwar Mustasfa, littafinsa na usulul fiƙhi, har ya ce wanda bai san wannan gabatarwa ba babu amincewa ga iliminsa. Abin lura shi ne da makamin masu falsafa ya yaƙe su, yana nuna musu cewa hujjojinsu na ilahiyyat ba su cika sharuɗɗan burhani, wato yankakkiyar hujja, da su da kansu suka gindaya ba. Bayansa Fakhruddin ar-Razi da waɗanda suka biyo shi suka mayar da mantiƙi darasin makaranta. Al-Abhari ya rubuta nasa Isagujin a ƙarni na 13, gajere, babu komai na ilahiyyat a ciki, kuma a kan wannan turba Sullam ya zo.

Waɗanda suka ƙi fa ba ƙananan mutane ba ne. Ibnus Salah ya ba da fatawar haramci, Imam Nawawi yana tare da shi. Ibnu Taimiyya, wanda ya rasu a 1328, ya rubuta littafi guda yana rusa fannin, ya ce mai kaifin hankali ba ya buƙatarsa, daƙiƙi kuma ba ya amfana da shi. Sukar tasa tana da nauyi, ban yarda a yi mata riƙon wasa ba. Ya ce jimlar "duk kaza kaza ne" ba ka san ta ba sai ta hanyar ɗaiɗaikun da ka gani, to kiyasin bai ƙara maka sanin da ba ka da shi ba. Wani Bagirke mai suna Sakastus ya yi irin wannan suka tun ƙarnoni kafin shi, wani Bature ɗan Ingila, Jon Situwat Mil, ya sake yin ta a 1843. Wato wanda ya fi kowa ƙin mantiƙi a cikin malamanmu, sai da ya karance shi ciki da bai, kuma martaninsa kansa ya zama babi a tarihin fannin.

Tilimsan, Kano, Tumbutu, Sakkwato

Zuwa ƙasarmu ta Magrib ya biyo, tare da fiƙihun Malikiyya da tauhidin Ash'ariyya. Shaihu Sanusi na Tilimsan, wanda ya rasu a 1490, yana da littafin mantiƙi, kuma Ummul Barahin ɗinsa da ake karantawa a zaurukanmu ta buɗe ne da rabe-raben hukuncin hankali uku: wajibi, mustahili da ja'izi. Hujjar da aka koya maka ta samuwar Allah, cewa duniya mai canzawa ce, duk mai canzawa fararre ne, duk fararre yana da mai farar da shi, kiyasi ce a shakali na farko. An ɗauki siffar hujjar Arisɗo aka tabbatar da abin da Arisɗo ya musa.

Shaihu Muhammad bin Abdulkarim al-Magili, wanda ya zo Kano zamanin Sarki Muhammadu Rumfa wajen 1492 ya rubuta masa nasiha kan mulki, malamin mantiƙi ne, yana da waƙa a fannin. A daidai lokacin Imam Suyuɗi yana Masar yana haramta shi, kuma shi ma yana da alaƙa da mu, don ya rubuto wasiƙa ga sarakunan Katsina da Agadas. Magili ya aika masa da baitoci yana kare mantiƙi, ma'anarsu ita ce a auna magana da hujjarta, a karɓi gaskiya ko daga kafiri ta fito, a san mutane da gaskiya ba a san gaskiya da mutane ba. Suyuɗi ya mayar masa da amsa a waƙe, ya tsaya a kan ra'ayinsa, cikin girmamawa. Ahmad Baba na Tumbutu ya adana wannan musaya a Nailul Ibtihaj, kuma ya lissafa waƙar Magili ta mantiƙi cikin abin da ya karanta a wurin malaminsa Muhammad Bagayogo. Ka ga gardamar da kuke yi da abokinka ta haura shekara 500 a wannan yanki, kuma kowane ɓangare yana da limami.

Muhammad al-Katsinawi, wanda ya rasu a Alƙahira a 1741 a gidan mahaifin masanin tarihi Jabarti, yana da waƙa a mantiƙi da sharhinta. A Sakkwato kuma akwai Abdulƙadir ɗan Tafa, jikan Shehu ta wajen 'yarsa Khadija, wanda ya rayu daga 1804 zuwa 1864 ya zauna a Salame. Ya rubuta a kan mas'alolin hikima, yana tattauna ra'ayoyin masu falsafa kan halitta da ruhi. Shehu Usmanu kansa ya ja layi a wani wuri dabam: ya yi rubuce-rubuce da yawa yana yaƙar ɗaliban ilimin kalam da ke kafirta talakawa don ba su iya jera hujjojin hankali ba. Wannan gargaɗi naka ne kai ma, ranar da ka iya Sullam.

Ba mantiƙi kaɗai ya iso ba. In ka buɗe Ihya'u a babin gyaran hali za ka ga uwayen kyawawan halaye huɗu, hikima da jarumta da kamewa da adalci, da cewa kowane hali tsakiya ne tsakanin wuce iyaka da gazawa: jarumta tsakanin ganganci da ragwanta, kyauta tsakanin almubazzaranci da rowa. Huɗun suna cikin rubutun Aflatun, tsakiyar tana cikin na Arisɗo, sun biyo ta hannun Miskawaihi, Gazali ya auna su da Alƙur'ani da hadisi ya ga sun zauna. Littattafan ɗibbu na Larabci da ke maganar jini da balgam da safra'u da sauda'u kuwa gadon likitocin Girka Buƙraɗ da Jalinus ne.

Sunan da ka ji a jami'a

Wannan wata hanya ce, amma ta haɗu da tamu a Andalus. Turawan Yamma sun daɗe ba su da komai na Arisɗo sai ɗan abin da Bowitiyus, wani masanin Rum, ya fassara zuwa Latin kafin a kashe shi wajen 524. Bayan Kirista sun karɓe Toledo a 1085, aka shiga fassara daga Larabci, wasu kuma suna fassarawa kai tsaye daga Girkanci. Ibnu Rushd na Ƙurɗuba, alƙalin Malikiyya mai Bidayatul Mujtahid, wanda ya rasu a 1198, ya yi wa littattafan Arisɗo sharhi, ya kuma mayar wa Gazali martani. Sharhohin sun fi samun kasuwa a Latin da Ibrananci fiye da Larabci, har Turawa suna kiransa Mai Sharhi kawai, ba sai an faɗi suna ba.

Su ma sun yi irin rigimarmu. An hana karanta littattafan Arisɗo na ɗabi'a a Faris ta Faransa a 1210, zuwa 1255 sun zama dole a manhajar jami'ar, a 1277 bishop na birnin ya haramta mas'aloli 219, ciki har da rashin farkon duniya. Toma Akwinas, wanda ya rasu a 1274, ya yi wa Kiristanci irin sheƙewar da aka yi a wurinmu, yana ambaton Ibnu Sina da Ibnu Rushd da Musa bin Maimun, malamin Yahudawa wanda ya rubuta littafinsa da Larabci. Daga baya Galiliyo da waɗanda suka biyo shi suka rushe ilimin ɗabi'ar Arisɗo: duniya ba ita ce tsakiyar sammai ba, kuma nauyin abu ba shi ke sa ya riga wani faɗowa ba yadda ya zata. Mantiƙinsa ya fi daɗewa, sai a 1879 Bajamushe Firege ya fito da sabon tsari mai alamomi, wanda shi ne ake koya wa ɗaliban lissafi da kwamfuta yau.

Abin da na gani a aji, da shawarata

Ni ma a zaure na fara Sullam, a wurin wani dattijo da ba ya bari a wuce baiti sai ka kawo misali naka na Hausa, ba na littafi ba. Yanzu da nake karantar da mantiƙi ga 'yan shekarar farko, da wannan nake fara su. Nakan rubuta: duk ɓarawo yana yawon dare, wane yana yawon dare, saboda haka wane ɓarawo ne. Da yawa sukan ce daidai ne. Wanda ya yi Sullam yakan gane nan take cewa shakali na biyu ne, kuma shakali na biyu ba ya haihuwa sai ɗaya daga jimlolin ta zama korewa. Mai gadi ma yana yawon dare, mai kai mara lafiya asibiti ma haka. Da irin wannan gurguwar hujja ake ɓata sunan mutane a unguwa, da ita ake tara wa bawan Allah jama'a a kasuwa, kuma abin yana ci mini rai duk lokacin da na ga mai ilimi ya yi ta a kan mumbari ko a waya.

Yanzu ɗauki maganar abokinka ka jera ta: mantiƙi daga arna ya fito, duk abin da ya fito daga arna haramun ne, saboda haka mantiƙi haramun ne. Siffar lafiyarta ƙalau, shakali na farko ne. Sai a duba jimla ta biyu, wadda ake kira kubra. Alƙaluman da muke lissafin gado da zakka da su daga Indiya suka fito. Takardar da ake rubuta Alƙur'ani a kai daga Sin ta fito. Ramin da aka haƙa a Madina dabarar Farisawa ce da Salmanu ya kawo. Kubra ta faɗi, natija, wato sakamakon, ta bi ta. Malaman da suka haramta ba da wannan hujja kaɗai suka tsaya ba, abin da ya fi damunsu shi ne a zamaninsu mantiƙi a cakuɗe yake da ilahiyyat ɗin masu falsafa, mai shiga ɗaya yakan zarce ɗayan. Shi ya sa masu sharhin Sullam, irin Damanhuri shaihun Azhar, suka ce saɓanin yana kan mantiƙin da aka gauraya ne, ba irin wanda aka tace ba.

Amma kada ka ɗora wa fannin kayan da ba zai iya ɗauka ba. Mantiƙi ba ya ba ka muƙaddima, wato jimlolin da ake gina hujja a kansu, yana duba ɗinkin da ke tsakaninsu ne kawai. In ka zuba ƙarya a sama, ƙarya za ta fito a ƙasa da kyakkyawan tsari. Arisɗo da ya tsara shi ya yi amfani da hankalinsa ya ce wasu mutane bayi ne a ɗabi'arsu, kuma an yi ƙarnoni ana fakewa da wannan magana ana zalunci. Sannan Sullam mashiga ce, baiti ɗari da arba'in da 'yan kai, ba ta isa ta auna hujjojin lissafin zamani ko binciken kimiyya ba. Tunda kana jami'a, in akwai darasin mantiƙin alamomi ka shiga, za ka ga inda suka haɗu da inda sabon ya wuce tsohon.

Fatawa ba aikina ba ce, tarihin fannin da karantar da shi ne nawa, hukunci kuwa yana wurin malaminka da ya san ka ya san matakin karatunka. Abin da zan nuna maka shi ne al-Akhdari bai ɓoye saɓanin ba. Tun a farkon littafin, kafin ya shiga fannin, ya ware fasali guda ya kawo zance uku: Ibnus Salah da Nawawi sun haramta, wasu sun ce ya kamata a san shi, sannan ya zaɓi cewa ya halatta ga mai cikakkiyar basira wanda ya goge da Alƙur'ani da Sunna. Sharaɗin nan na ƙarshe shi ya sa a tsarin zaure ba a fara yaro da mantiƙi, sai ya sauke, ya yi fiƙihu da nahawu da tauhidi. In malaminka ya sa ka a Sullam, ya auna ka ne ya ga ka kai. Ka roƙe shi ya maimaita wannan fasali wata rana bayan Magariba, ka gayyato abokin naka ya zauna kusa da kai, ya yi tambayarsa a gaban malam da littafin a buɗe.